Yaron da ke naɗar ƙarar taɓarya: makaɗi ne ko ɓata lokaci yake yi?

Baffa Na Ringim:
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ina da magana, kuma ina roƙo kada a mayar da ita abin dariya. Ɗan yayana ne, tun yana yaye nake saɓa shi a kafaɗa. Ya gama difloma a Dutse, muna sa ran ya kama koyarwa ko ya samu aikin ƙaramar hukuma, sai ga shi ya dawo ƙauye da laftof da wata 'yar na'ura kamar sabulun wanki mai gashi a ka. Shekara shida ke nan. Yau yana bakin rijiya ya zura makirfo yana naɗar faɗuwar guga, gobe yana gindin injin niƙa, ranar Alhamis ya bi motar shanu zuwa Maigatari, ba saye ba sayarwa, sai dai ya tsaya tsakanin dillalai da abu a kunne. In dare ya yi ya harhaɗa su ya ce kiɗa ne. Na saurara. Minti bakwai cur ban ji inda zan gyaɗa kai ba. Babu waƙa babu amshi, sai wani gurnani, da ƙarar taɓarya tana zuwa tana komawa kamar a mafarki.

Abin da ke ciyar da shi aikin fim ne. 'Yan fim na Kano suna turo masa aiki ya gyara sauti, wani lokaci ya bi su lokeshan. Yanzu wani furodusa ya ce ya tare a Kano gaba ɗaya, albashi duk wata, ya riƙe musu sautin shiri mai dogon zango. Yaro ya ce a'a, in ya tafi kiɗansa ya mutu. Yayana ya ce ko ya karɓa ko ya ajiye na'ura ya ɗauki fartanya. An ce ni in shiga tsakani. Me zan ce?

Ɗan Acaɓan Gumel:
Wa alaikumus salam Baffa. In dai ƙarar inji kiɗa ce, to babur ɗina ya fi Shata, don shi ba ya ma jiran a yi masa kari.

Mai Kula da Zaure:
An ce kada a yi dariya, kai kuma da ita ka buɗe. A yi magana mai amfani don Allah.

Tsohon Edita:
Baffa, Allah ya ƙara girma. Na yi shekara goma sha ɗaya ina tace fim a wani situdiyo a Zoo Road kafin in dawo Kura in kama noman shinkafa, don haka bari in faɗi abin da na sani. Yaronku yana riƙe da sana'ar da masana'antar nan ta fi ƙarancin masu ita. Tun fim ɗin Turmin Danya a 1990 har zuwa yau, kyamara ake kashe wa kuɗi, sauti kuwa sai abin da ya rage. Za ka ga an ɗauko kyamara mai tsada, an ɗinka wa jaruma kaya kala goma, sannan a miƙa sandar makirfo ga yaron da ke kawo ruwa. Janareta yana gefe yana ruri, akuya tana kuka a bayan katanga, iskar hunturu tana dukan makirfo. In kaset ya zo hannuna, maganar ba ta fita. Me muke yi? Sai mu zuba kiɗan fiyano a kai tun daga farko har ƙarshe don ya rufe ɓarnar. Masu kallo suna zaton salo ne. Ba salo ba ne, rufin asiri ne.

Wanda ya san aiki, kafin a tashi daga kowane wuri sai ya ce kowa ya yi shiru na minti ɗaya, ya naɗi shirun ɗakin. Don shirun ɗakin ƙasa mai rufin azara daban yake da na ɗakin siminti mai rufin kwano, kuma da shi ake like maganganu in an yanka. A duk shekarun nan mutum biyu kawai na gani suna yin haka, kuma dukansu dariya aka riƙa yi musu. Ni dai shawarata ya karɓi aikin. Amma a rubuta yarjejeniya, don ni kaina akwai furodusan da har yau yake riƙe da kuɗin fim uku nawa, mun haɗu a wajen ɗaurin aure ya rungume ni kamar ba komai.

Jikan Makaɗa:
Ni ta wata fuska zan zo. Ban ce yaro ya lalace ba, neman halal yake. Amma a daina kiransa makaɗi. Mu gidanmu gado ne, can wajen Haɗeja, garin da ya fitar da Haruna Uji mai gurmi. A wajenmu kowane kiɗa yana da mai shi. Kalangu na mahauta ne, gangar noma ta manoma ce a gayya, garaya ta mafarauta, kotso da taushi na fada, kakaki ba ya busuwa sai don sarki. Makaɗi yana da ubangida, yana da taken da in ya buga, mutum ɗaya a cikin dubu zai miƙe tsaye don ya san da shi ake. Kakana in ya matsa kalangu a hammata, sunan mutum yake kira har da na ubansa, ba tare da ya buɗe baki ba. To shi wannan kiɗa na ɗanku, Baffa, taken wa ne? Wa zai ji ya miƙe?

Malamin Firamare:
Jikan Makaɗa, tambayarka ta yi nauyi, amma ina da ja. Ni a Birnin Kudu nake koyarwa. Duwatsun nan namu da ke da zanen mutanen da, irin Dutsen Habude da Dutsen Mesa, a yankin akwai duwatsun da in ka ƙwanƙwasa da ƙaramin dutse suke amsawa kamar ƙarfe. Wani Bature mai binciken kayan tarihi, Bernard Fagg, ya yi rubutu a kansu a tsakiyar shekarun 1950. Je ka ga ramukan da duka ya yi a jikinsu, za ka san an daɗe ana buga su. Waɗanda suka fara wannan ba fata suka ɗaura ba, ba tsarkiya suka ja ba. Wani ne ya ji dutse ya yi ƙara mai daɗi ya ce bari in sake bugawa. Da a ce a lokacin akwai zaure irin wannan, da kawunsa ya shigo ya ce yaro ya bar farauta yana dukan dutse.

Jikan Makaɗa:
Malam, dutsen ai jama'a suka taru a kai har ya yi rami. Shi wannan shi kaɗai yake ji a kunnensa.

Ɗalibar Jami'a:
Salamu alaikum iyayena. Ku yi haƙuri in sa baki, abin ya shafi karatuna. Abin da yaron nan yake yi yana da tarihi, kuma ba daga Turai ya fara ba. A 1944 wani ɗalibi ɗan Masar, Halim El-Dabh, ya ari na'urar naɗar sauti a Alƙahira, ya je inda mata ke yin zar, wani abu mai kama da borinmu, ya naɗo muryoyinsu. Ya koma situdiyo ya riƙa sarrafa su, yana ƙara amsa-kuwwa yana rage wasu sassa, har suka zama wani abu daban. Sai bayan shekara huɗu, a 1948, Pierre Schaeffer ya yi nasa a Faransa da ƙarar jiragen ƙasa, shi ne kuma littattafai suka fi ambata. Kusa da mu ma akwai Mamman Sani na Nijar. A 1978 ya naɗi kaset da ogan ɗinsa, wani irin fiyano na lantarki, a Yamai, mutane suka yi shekaru suna jin kiɗan a rediyo da talabijin tsakanin shirye-shirye. Sai a 2013 kamfanin Sahel Sounds na Amurka ya sake fitar da shi, duniya ta san da shi. Kamfanin nan a shekarar ya fitar da tarin waƙoƙin finafinan Hausa ma. A Yuganda kuma tun 2015 ake bikin Nyege Nyege, wanda aka fara a yankin Jinja, inda masu irin wannan kiɗan na Afirka ke haɗuwa. Ba shi kaɗai ba ne, a ƙauyensu ne kawai yake shi kaɗai.

Ɗan Acaɓan Gumel:
Wato sai ya jira shekara 35 kamar na Yamai ɗin? Baffa, a fara yi masa tanadin sandar dogarawa.

Ustazun Unguwa:
Ni ba zan shiga hukuncin kiɗa ba, malamai sun yi bayani kuma kowa ya san inda ya tsaya. Amma tunda an ambaci bori, ina jan hankali kada yaro ya ce zai bi sawun wancan na Masar ya riƙa zuwa wajen 'yan bori da sunan naɗar sauti. Sannan in zai fitar da abu a Kano ya tuna akwai Hukumar Tace Finafinai tun 2001, kada ya jawo wa iyayensa magana.

Uwar Biyu:
Duk maza kun yi ta magana, ba wanda ya tambayi masu taɓaryar. Jikan Makaɗa, ka ce kowane kiɗa da ubangidansa. Lugude fa? Mu uku a turmi ɗaya, kowace ta san lokacin saukarta, ki cilla taɓarya sama ki tafa ki cafe, wata ta goga tata a bakin turmi. Wa muke yi wa? Ba sarki ba mahauci. Kanmu muke yi wa don gero ya daku ba mu ji gajiya ba. Haka shantu, haka kiɗan ƙwarya kafin su Barmani Choge su fito da shi fili. Ku ne ba ku ƙirga shi a kiɗa ba don ba a yin kari a kai.

Amma tambayata ga Baffa ita ce: matan da ya naɗa, sun sani? An tambayi mazajensu? Mace tana daka a tsakar gidanta tana 'yar waƙarta, wataƙila ma habaici take yi wa kishiya, sai a wayi gari wani a ƙasar da ba ta taɓa jin sunanta ba yana saurare. In kuɗi ya shigo, nawa ne nata? Wannan ne ya dame ni, ba wai ko kiɗa ne ko ba kiɗa ba.

Baffa Na Ringim:
Hajiya, wallahi ban taɓa tunanin wannan ba. Bari in sa shi a zauren ya amsa da bakinsa. Mai Kula, a ba shi dama.

Mai Naɗar Sauti:
Assalamu alaikum. Baffa ina gaishe ku, ina gaida iyayena da ke nan. Na karanta komai tun daga sama, har da na mai babur, kuma in ya yarda ina son in naɗi salansarsa.

Hajiya, gaskiya kuka faɗa, kuma na taɓa yin laifin. Na farko da na yi, ta kan katanga na naɗi dakan gidan maƙwabtanmu ba su sani ba. Da Innata ta ji muryar a laftof ta gane mai ita nan take, ta ce in ban goge ba kada in sake cin tuwonta. Na goge. Tun daga nan sai na yi sallama, na gaya wa maigida, na kunna wa matan abin da na naɗa su ji da kunnensu. In da waƙa a ciki wadda ba su so ta fita, a gabansu nake cirewa. In an sayi wani abu da dakansu ke ciki, kashi uku nake yi, ɗaya nasu. Ba yawa ne da shi ba, wani lokaci kuɗin omo ne da magi. Amma suna sane.

Dalilin da na nace wa turmi shi ne, a unguwarmu da ina yaro kafin rana ta fito gida goma ake daka lokaci guda, garin kamar ana tambari. Yanzu injin niƙa biyu sun ɗauke aikin, kuma ban ga laifin mata ba, wa ke son kanta a hannu? Gida uku suka rage masu lugude, dukansu tsofaffi. A wancan da Baffa ya ji, gurnanin da ya ce, injin niƙan ne na rage masa gudu har sau huɗu, sai ya koma ƙasa kamar kukan bijimi. Taɓaryar da ke zuwa tana komawa kuma ita ce ke ƙoƙarin fitowa ta cikinsa. Ba a yi shi don rawa ba, Baffa, shi ya sa ba ku gyaɗa kai ba.

Maganar fim, ba raina ta nake ba. Ina son aikin ƙwarai. Tun ƙarshen shekarun 1920 da finafinai suka fara magana, wani Jack Foley a Amurka ya fara tsayawa gaban allo yana yin takun ƙafa da motsin riga daidai da hoto, har yau da sunansa ake kiran sana'ar. Ni a ɗakina nake yin nawa. Ƙoƙo biyu a kan tiren yashi, ga kofaton doki. Karan dawa busasshe in na karya, ga ƙashi ya karye a fim ɗin dambe. Fallen kwano in na girgiza a hankali, ga tsawa daga nesa. Tabarmar kaba tana ba ni tashin mutum daga zaune. A birni kafin in samu minti biyar babu hon babu janareta sai ƙarfe biyun dare. A nan sola ɗaya da batir sun ishe ni, in kaji suka kwanta garin nawa ne.

Abin da nake tsoro shi ne shiri mai dogon zango duk mako ake sakin sabon kashi. Ranar Talata a ba ka, ranar Alhamis a ce kawo. Ba lokacin ƙoƙo da yashi, sai dai ka sauke sautin da kowa ke saukewa a intanet. Shi ya sa za ku ji an buɗe ƙofar langa-langa a fim ɗin ƙauye amma ƙarar ta ƙofar katakon gidan Turawa ce. Akwai wani fim da na yi wa aiki, wurin da aka zo gaya wa uwa ɗanta ya rasu. Na cire komai, na bar kukan kurciya da ƙarar tsintsiyar da ta faɗi daga hannunta. Darakta ya ji ya yi shiru, ya ce kada a taɓa. Ranar da fim ya fita na kunna, an zuba fiyano mai kuka a kai, furodusa ya ce masu kallo za su zaci sifikarsu ce ta lalace. Sunana ma a ƙarshe an rubuta shi a layin masu dafa abinci.

Tsohon Edita:
Wannan na kurciya ya taɓa ni, don ni ne irin wanda ake sa wa ya zuba fiyanon. Tun da fiyanon Yamaha ta shigo situdiyoyin Kano a ƙarshen shekarun 1990, mutum ɗaya ya zama shi ne mai ganga, mai sarewa, mai goge. Arha ce ta kawo haka. Daga baya Auto-Tune, manhajar gyaran murya a kwamfuta, ya zo ya daidaita muryoyi duk suka zama ɗaya. Amma ƙanena, ka sani fa, in duk masu kunne irinka suka ƙi shiga, haka za a ci gaba. A 2016 da aka yi maganar gina ƙauyen fim a Kofa ta ƙaramar hukumar Bebeji, ni ɗakin naɗar sauti kawai nake hange, sai aka yi ta ce-ce-ku-ce har gwamnatin tarayya ta janye. Ba wanda zai gina mana, mutane ne za su gyara da hannunsu.

Jikan Makaɗa:
Yaro, ka yi magana da ladabi, Allah ya yi maka albarka. Kuma Hajiya ta kayar da ni a kan lugude, na karɓa. Amma ba ka amsa tawa ba. Su wa ke sayen kiɗan?

Mai Naɗar Sauti:
Baba, a Bandcamp nake sakawa, wani shafin sayar da kiɗa a intanet. Yawancin masu saye daga Jamus ne da Ingila, sai wani mutum ɗaya a Japan da ba ya wuce komai nawa. Wata rana a samu, wata uku a ji shiru. Kuɗin ma ta hannun wani abokina da ke karatu a waje suke biyowa.

Jikan Makaɗa:
To ka ga ashe kana da ubangida. Bature ne. Kakana ya san fuskar wanda yake yi wa kiɗa, ya san gonarsa, in ya yi rowa ya san zambon da zai yi masa. Kai naka ba ka taɓa ganinsa ba, kuma abin da yake so a wajenka shi ne ƙauye. Ranar da ya gaji da jin turmi ya koma wani wuri, ina za ka? Ba zagi nake ba. Mu ma iyayen gidanmu sun watse, biki yanzu DJ ake kira da memori. Na san yadda abin yake ne shi ya sa nake tambaya.

Mai Naɗar Sauti:
Ba ni da cikakkiyar amsa, Baba. Na sha tunanin haka. Akwai wanda na taɓa yi da ƙarar injin ban ruwa da ringin waya da wa'azin da ke tashi daga lasifikar mai shayi, shi ne aka fi ƙin saya, wani ma ya rubuto cewa bai ji Afirka a ciki ba. Na ji haushi ƙwarai, don shi ya fi kama da garinmu na yau. Abin da zan iya cewa kawai, ranar da na kunna wa tsohuwar da ta yi luguden, ba ta gane inji ba ne, amma da taɓarya ta shigo ta ce wannan hannun Yaya ne, Allah ya jiƙanta. Yayar tata ta rasu da damina biyu kafin nan. Ba ta miƙe tsaye ba, amma ta ce in sake kunnawa.

Uwar Biyu:
Allah ya jiƙanta. Ka saka mata a memori ka ba jikokinta, kada ya zauna a Jamus kaɗai.

Ɗalibar Jami'a:
Kuma Yaya ka ajiye asalin naɗin a wuri biyu, wanda ba ka taɓa ba, da sunan gari da ranar da aka yi. Laftof ɗaya a ɗakin ƙasa da damina abin tsoro ne.

Tsohon Edita:
Baffa, ga abin da za ku kai wa yayanku. Kada yaro ya karɓi albashi, ya karɓi aiki. Ya bi su lokeshan kwanakin ɗauka, ya koya wa yaro ɗaya riƙon makirfo yadda ya kamata, tacewa kuma ya dawo gida ya yi, ya tura ta intanet. Daga Ringim zuwa Kano ba tafiyar kwana ba ce. A biya shi kashi-kashi, rabi kafin ya taɓa, rabi kafin ya saki. In furodusa ya ƙi wannan, to dama ba mai biya ba ne.

Baffa Na Ringim:
Na gode jama'a, Allah ya bar zumunci. Zan je wajen Yaya bayan Magariba. Ban ce zai yarda ba, mutum ne da in ya kafe sai Allah, kuma yana da gaskiyarsa, yaro ya isa aure. Kai kuma ka turo mini wancan mai minti bakwai ɗin in sake ji, yanzu da na san inji ne.

Jikan Makaɗa:
Yaro, mahaifina yana nan da rai, ya haura tamanin. Akwai kotso a rataye a ɗakinsa, tun rasuwar hakimin da yake yi wa bai sauke shi ba. Akwai take kusan ashirin a kansa da ni kaina ban iya ba. In ka ga dama ka zo ranar Asabar bayan La'asar, ka riƙo goro fari. Sharaɗi ɗaya: nasa ba za ka rage masa gudu ba, ba za ka yanka ba, kuma ba za a sayar ba sai ya ji ya yarda.

Mai Naɗar Sauti:
Na yarda Baba, in sha Allahu ina tafe. Fatar ta daɗe a rataye, a duba ta kafin ranar ko tana son gyara. Akwai injin niƙa kusa da gidan?

Jikan Makaɗa:
Akwai, bango ɗaya ne tsakani. Na ƙanena ne, zan ce ya kashe.